'Yar Rakiyar Gagarawa

A wata gwamnati da ta shuɗe, makonni kaɗan bayan an rantsar da Gwamna, takarda ta iso ofishin jam'iyya da ke Gumel. Ta ce yankin yana da kujerun kwamishina biyu. Ɗaya an riga an ba wa wani lauya ɗan cikin garin Gumel, ba wanda ya ja. Ɗayar kuwa ta rage tsakanin Maigatari da Gagarawa da Sule Tankarkar. A aiko da sunaye uku, dole a sami mace a ciki, Gwamna zai ɗauki ɗaya.

Dattawan jam'iyya suna da hanyarsu ta yin wannan aiki, kuma ha'inci ce, ko da yake su ba su taɓa kiranta haka ba. Sukan rubuta sunan wanda suke so a sama, sannan su nemo mutum biyu da suka tabbata ba mai waiwayarsu, su jera a ƙasa. Waɗannan biyun su ake kira 'yan rakiya. Da zarar takarda ta isa Dutse, sai 'yan rakiya su sa hannu cewa sun janye don zaman lafiya. Gwamna ya zaɓi ɗaya daga cikin ɗaya, a fito a ce an yi shawara.

Sunan sama a wannan karon na Alhaji Abdulbaƙi ne, babban falken shanu na Maigatari, mai tirela shida da ke lodi zuwa kudu. Na biyu ba a sha wahalar nemansa ba. Malam Abdulsalam na Sule Tankarkar, tsohon hedimasta, ya riga ya yi rakiya sau uku, har yana da babbar riga ta musamman da yake sawa a ɗauke shi hoto. Wurin macen ne aka tsaya. Duk wadda aka ambata sai a ga tana da miji ko wa mai ido a kan kujerar.

Barau, sakataren jam'iyya, mutum ne da ke ji da wayonsa. Ya tafa hannu ya ce, "Ku sa Likita mana."

"Wace Likitar?"

"Ummukulthum Bappa ta Gagarawa. Ta kara."

Ɗakin ya ɗauki dariya. Alhaji Abdulbaƙi ya yi dariya har hularsa ta karkace. Ummukulthum malamar dabbobi ce, shekararta ashirin da biyu tana duba shanu a kara, wato kasuwar shanun Maigatari. Ba a yi wa bisa lodi sai da takardarta da hatiminta. Babu babban mutum a ɗakin nan da ba ta taɓa tsare wa mota ba.

"Wannan ko a unguwarsu ba ta da ƙuri'a biyar," in ji Alhaji. "Amma Barau, ka san halinta. In ta ƙi janyewa fa?"

"Ranka ya daɗe, na riga na yi maganin wannan. Duk takardun ƙarar da aka taɓa rubutawa a kanta suna nan cikin fayil ɗinta, guda goma sha bakwai. Zan haɗa su da takardunta na makaranta a tura Dutse. Wanda ya buɗe ba zai kai shafi na uku ba."

Aka yaba wa Barau. Ba wanda ya ce a tambaye ta. Aka yi addu'a, aka tashi.

Ranar Alhamis, ranar kasuwar Maigatari, Barau ya shiga kara da hantsi yana ɗage ƙafar wandonsa don kada kashin shanu ya ɓata masa shadda. Shanun Dungas da na Magarya daga Nijar sun cika fili, dillalai na ta buga hannu a kan tozo, direbobi na jiran lodi. Ya same ta a bakin dakalin lodi, sanye da takalmin roba da farar rigar aiki a kan atamfa, ta kanga kunnenta a haƙarƙarin wani bajimi.

"Hajiya Likita, barka da aiki."

Ta ɗaga masa hannu ya yi shiru. Sai da ta gama saurare ta miƙe, ta ce wa mai san, "Wannan lafiyarsa ƙalau, a hau da shi." Sannan ta juyo. "Malam Barau, yau kuma sa ka saya?"

"Albishir na kawo miki. Sunanki yana Dutse cikin waɗanda za a ba wa kwamishina."

"Ni? Wa ya kai?"

"Dattawa. Karramawa ce. Yanzu dai sai ki sa hannu a nan, shi ke nan, kin shiga tarihi."

Ta san al'adar, kowa ya sani. Kuma gaskiya ita ce ba ta da sha'awar kujerar. Ta goge hannunta a riga, ta karɓi biro, ta ɗora takardar a jikin ƙofar mota. Da Barau ya rubuta abin da aka saba rubutawa, da ta sa hannu ta koma kan shanunta, labarin ya ƙare a nan. Amma mai wayo ba ya iya tsayawa inda ya kamata. Ummukulthum kuwa ba ta sa hannu a kan abin da ba ta karanta ba.

Ta karanta a fili: "Na janye saboda ƙorafe-ƙorafen da ke kaina, waɗanda na amince da su, don kada na jawo wa yankina abin kunya."

Ta mayar wa biron murfinsa.

"Wane abin kunya, Malam Barau?"

"Haba Hajiya, ai salon rubutu ne kawai."

"Na saci akuyar wani ne?"

"Wa ya ce haka?"

"Na buga wa mushe hatimi?"

"Hajiya, rage murya, mutane na kallo."

"Su kalla. Shekara ashirin da biyu ana rubuta takarda a kaina, ba a taɓa kirana ko sau ɗaya an ce zo ki amsa ba. Sai a jefa a fayil, a hana ni ƙarin girma, a ce akwai magana a kaina. Yau kuma ni da hannuna zan rubuta cewa na yarda ni abar kunya ce?" Ta miƙa masa takardarsa. "Ba zan sa ba."

"To bari na gyara layin."

"Ka makara. Na riga na ga abin da ke ranku."

Barau ya sassauta murya. "Ki yi tunani. Alhaji zai zama kwamishina ko kin sa ko ba ki sa ba. In ya hau, ke kin san inda za a tura ki. Akwai wuraren da ko kaza babu balle sa."

"To sai na duba lafiyar ƙadangaru," in ji ta. Dillalan da ke kusa suka fashe da dariya. Barau ya juya, garin sauri ya taka abin da ya yini yana kauce wa.

Da yamma ta koma gida Gagarawa Tasha. Mijinta Malam Sa'idu, mai shagon irin shuka, yana zaune a tabarma a tsakar gida yana gyaran wayar rediyo. Ta ba shi labari tun daga farko.

"Kina son kujerar?" ya tambaya.

"Ba na so, Malam."

"To me kike so?"

"Sunana. 'Ya'yanmu suna jin ana cewa uwarsu mai fayil ce. 'Yarmu Bilkisu ta taɓa tambayata ko gaskiya ne an kusa korata. Ina so wani mai hankali ya buɗe takardun nan a gabana, ya tambaye ni, na amsa. In na yi laifi a faɗa mini."

Malam Sa'idu ya ajiye rediyon. "In sun kore ki daga kara, za mu ci tuwo kamar yadda muke ci. In kin sa hannu a waccan takarda kuwa, ni ne zan sha wahala, don na san ba za ki sake barci ba, ni ma ba za ki bar ni na yi ba. Ki je."

Washegari bayan an sauko daga Juma'a sai ga Malam Abdulsalam a kan babur ɗin haya. Alhaji ne ya turo shi ya lallashe ta. Tsoho ne mai fara'a, wanda bai taɓa cutar kowa da gangan ba, bai kuma taɓa hana a cuci kowa ba. Irinsa suna da yawa, kuma da su ake yin kowace ɓarna.

"'Yata," ya ce bayan an kawo masa fura, "ni sau huɗu ke nan da wannan. Ba ciwo. Ka sa hannu, a kira ka Honorabul na mako biyu, in an yi walima a ba ka kujerar gaba. Me ya fi wannan?"

"Baba, ka karanta tawa takardar?"

"Ai duk iri ɗaya ne."

Ta faɗa masa layin da Barau ya rubuta. Tsohon ya ajiye ludayi.

"Tawa ba haka take ba," ya ce. "Tunda abin ya kai haka, bari na gaya miki abin da ba a aiko ni da shi ba. Takardun ƙarar nan duka sun tura su Dutse tare da sunanki. Ina zaune aka yi. Na yi dariya tare da su, Allah ya yafe mini. Kuma bana akwai sabon abu. Gwamna ya kafa kwamitin dattawa uku, duk wanda bai janye ba, zai zauna gabansu ranar Talata. In kin je, a gaban mutane za a karanta miki su ɗaya bayan ɗaya. Ki zauna gida, 'yata. Kada ki kai kanki."

Ummukulthum ta yi murmushi, karo na farko tun jiya. "Za a karanta? A gabana?"

"Abin da nake gaya miki ke nan."

"Baba, wannan shi ne albishir ɗin, ba na Barau ba. Ƙarfe nawa?"

Ranar Talata da sassafe ta hau motar haya a Tasha. Da aka tsaya ɗaukar fasinja sai ta ga Malam Abdulsalam a kujerar gaba cikin babbar rigarsa ta hoto.

"Baba, ai kai ka janye."

"Na janye daga kujera, ban janye daga kallo ba," in ji shi.

A Dutse aka kai su wani ɗakin taro mai dogon tebur. Harabar ta cika da motocin masu neman kujera daga Haɗeja da Kazaure da Ringim, kowa da tawagarsa. Alhaji Abdulbaƙi ya zo da motoci biyar da maroƙi. Da ya hango ta zaune a benci da jakarta a cinya sai ya ce da ƙarfi, don a ji, "A'a, Likita! Yau wa za a duba wa baki a nan?"

"Duk wanda ya buɗe nasa, Alhaji," ta amsa.

Shugaban kwamitin, Alhaji Abdulmuttalib, tsohon babban sakatare ne da ya yi ritaya, siriri, mai tabarau a kan hanci. Da aka zo kan yankinsu ya ce a shigo da su duka tare, har da wanda ya janye in yana kusa. Barau ya bi su ya tsaya a bakin ƙofa.

Da Alhaji Abdulbaƙi aka fara. Fayil ɗinsa ya yi kauri da takardun yabo: na ƙungiyar direbobi, na matasa, na mahauta, na mata masu ƙosai. Shugaba ya karanta uku, ya leƙa sauran.

"Alhaji, mutanenka suna ƙaunarka ƙwarai. Har direbobi da masu ƙosai suka yi magana da kalmomi iri ɗaya, layi bisa layi." Bai jira amsa ba. Ya yi masa tambayoyi kaɗan a kan abin da zai yi in an ba shi ma'aikata. Alhaji ya ce zai kawo ci gaba. Aka tambaye shi wane iri, ya ce kowane iri.

Sannan Shugaba ya jawo fayil na uku.

"Malama Ummukulthum. Takardun ƙara goma sha bakwai. Kin san da su?"

"Na san da su, ranka ya daɗe. Ban taɓa ganin cikinsu ba."

"To yau za ki ji." Ya gyara tabarau ya karanta: "'Mu manyan dillalai da fataken kara muna kawo kuka a kan wannan mata. Duk ma'aikacin da aka taɓa kawo mana yana karɓar gaisuwarmu, ya san girman mutane. Ita kuwa ko goro ba ta karɓa. Ranar jajibirin Sallah aka kai mata rago gida, ta sa aka jawo shi har kara ta mayar a gaban jama'a, wanda hakan cin mutunci ne.' An yi haka?"

"An yi."

"Me ya sa?"

"Mai ragon yana da lodi washegarin Sallah, ranka ya daɗe. Da na ci ragonsa, da wane ido zan duba shanunsa?"

Shugaba ya ɗauki wata. "'Ta killace tirelar Alhaji Abdulbaƙi mai shanu talatin da shida har mako uku, duk da an gaya mata ta wane ne. Har tara suka mutu a hannunta.' Wannan babbar magana ce. Me ya kashe su?"

"Ciwon huhu. Biyu na ji suna tari a dakalin lodi, na sa kunne na ji ƙirjinsu. Na ce a ware motar duka."

"Da kin bar su sun tafi fa?"

"Da sun sha ruwa a komi ɗaya da shanun mutane a kowane zango daga nan har kudu. Ranka ya daɗe, ina 'yar shekara tara mahaifina ya sayo bajimi guda a kasuwa, da takardarsa da hatiminsa. Kafin kaka garkenmu na shanu sittin ya koma bakwai. Wanda ya buga hatimin nan ban san shi ba. Amma na san ragon Sallah aka kai masa ya ci."

Ɗaya daga cikin dattawan, wanda tun ɗazu yake gyangyaɗi, ya gyara zama.

Shugaba ya ci gaba. Akwai wadda ta ce ba ta san zumunci ba, don ta hana saniyar ɗan kawunta shiga kara. Akwai wadda ta ce tana zuwa aiki tun kafin rana ta fito, ta hana mutane yin lodi cikin sirri kamar yadda aka saba. Akwai wadda ta ce an kira ta a waya daga sama a kan wata mota, ta ce wanda ya kira ya zo da kansa ya sa hannu in ya isa. Kowace ya karanta sai ya tambaya, "An yi haka?" Ita kuma ta ce, "An yi." Ba ta musa ko ɗaya ba. Bayan ta bakwai Barau ya fara share gumi, don shi ya fara gane inda aka dosa. Alhaji bai gane ba. Yana ta gyaɗa kai yana kallon dattawa, kamar mai cewa kun ji ko.

Shugaba ya tattara takardun ya juya gare shi.

"Alhaji Abdulbaƙi, na ga sa hannu iri ɗaya a kan goma sha ɗaya daga ciki. Naka ne?"

"Nawa ne, ranka ya daɗe."

"Ina so ka yi mini gaskiya, don maganar mutuncin mace ce. Akwai ƙari a ciki? Ko wani abu da aka ƙaga don fushi?"

Barau ya yi tari daga bakin ƙofa. Alhaji bai waiwaya ba. Ya dafa ƙirji.

"Wallahi tallahi babu ƙarya ko ɗaya! Duk abin da ke nan ta aikata, har da waɗanda ba mu rubuta ba. A kawo Alƙur'ani na dafa. Matar nan ba ta jin lallashi, ba ta jin tsoro, ba ta san babba ba in dai a kan sa ne. Shekara ashirin muna gwada ta ta kowace hanya, ko sau ɗaya ba ta..."

Nan ya tsaya, don ya ji abin da bakinsa ke faɗa.

"Ƙarasa mana, Alhaji," in ji Shugaba a hankali. "Ko sau ɗaya ba ta me?"

Alhaji ya sauke hannunsa daga ƙirji.

Alhaji Abdulmuttalib ya cire tabarau ya ajiye. "Shekara talatin da biyar na yi ina karanta fayil. Takardar yabo kowa na iya sawa a rubuta masa. Amma ban taɓa ganin wanda abokan gabarsa suka zauna suka rubuta masa shaida sau goma sha bakwai, suka sa hannu, suka biyo shi har Dutse suka rantse a kai ba. Malama, ba ki da abin amsawa. Wanda ya kamata ya amsa shi ne wanda ya karɓi takardun nan ya hana ki ƙarin girma." Ya dubi tsohon da ke gefe. "Malam Abdulsalam, kai ka janye. Me ya kawo ka?"

Tsohon ya miƙe, ya gyara babbar rigarsa. "Ranka ya daɗe, ni ɗan rakiya ne. Sana'ata ke nan, sau huɗu. Sau uku na raka mutanen da ko ajin firamare ba zan ba su su riƙe ba, na yi shiru. Yau na ce bari na raka wadda ta cancanta, ko sau ɗaya, kafin na mutu."

Da suka fito, maroƙin Alhaji ya taso da kirari. Alhaji ya daka masa tsawa ya shige mota. Ummukulthum ta zauna a bencin da ta tashi, ta rufe fuska da mayafi na ɗan lokaci. Ba ta yi kuka a kara ba ranar da aka yi mata ihu, ba ta yi ba ranar da aka tsallake ta aka ƙara wa waɗanda ta koya wa aiki girma. A nan ta yi, kaɗan. Sannan ta kira Malam Sa'idu ta ce, "Malam, an karanta. An ce ba ni da abin amsawa." Ta hau motar haya ta koma gida, a ranta magana ta ƙare.

Bayan kwana tara, da la'asar, rediyon Malam Sa'idu ya karanto sunayen da Gwamna ya aika wa Majalisa. Akwai malaman jami'a biyu, da lauyan Gumel, da likitan mutane daga Haɗeja, da tsofaffin shugabannin ƙananan hukumomi, da 'yan siyasar da aka saka wa wahalar kamfe. Ba duka ne na kirki ba. Wasunsu kujerar ta fi ƙarfinsu, kuma lokaci ya nuna haka. Amma suna na goma sha ɗaya shi ne Ummukulthum Bappa, daga Gagarawa.

Kafin magariba gidan ya cika. Matan rugage suka zo da ƙoren nono a ka, suna guɗa tun daga bakin titi. Ƙananan dillalai, waɗanda ba su taɓa samun layin lodi a kan lokaci ba sai a zamaninta, suka cika mota biyu daga Maigatari. Wani Bafillace tsoho daga wajen Sule Tankarkar ya tsaya a ƙofar gida yana faɗa wa duk wanda ya wuce cewa ya san Bappa, ya san garken da ya mutu, yau ga abin da Allah ya fitar daga cikinsa. Wani ya jawo rago. Bilkisu ta tare shi a zaure ta ce, "Kawu, kai ba ka ji labari ba ne?" Aka yi dariya, ragon ya koma.

A Majalisa wani ɗan majalisa ya ce tunda mace ce a bar ta ta rusuna ta wuce. Ta roƙi alfarma a yi mata tambayoyi kamar kowa. Aka yi mata na kusan awa ɗaya a kan burtali da mashaya da allurar rigakafi, ta amsa. Ranar rantsuwa aka ba ta ma'aikatar da ke kula da dabbobi. Malam Abdulsalam ya sami kujerar gaba, wannan karon da haƙƙinsa.

Abin da ta fara yi a ofis shi ne ta tara malaman dabbobi na jiha, ta ɗora fayil ɗinta a tebur, ta ce, "Duk wanda aka rubuto ƙara a kansa, zan kira shi cikin mako guda ya amsa a gabana. Ba za a sake binne kowa a fayil ba. Wanda kuma ya shekara a kasuwa manyan fatake ba su taɓa kuka da shi ba, shi ma zan kira shi, don ina so na ji dalili."

Al'adar 'yan rakiya kuwa daga wannan shekarar ta mutu a yankin. Ba don dattawan sun tuba ba. Tsoro suka ji, don ba su da tabbacin wane ne ba za a waiwaya ba.

Alhamis ta uku bayan rantsuwa, motar gwamnati ta tsaya a bakin karar Maigatari. Kwamishina ta fito, ta buɗe but ɗin motar, ta ciro takalmin robarta ta sa. Kara ta ɗauki sowa. A dakalin lodi tirelar Alhaji Abdulbaƙi ce a kan layi, shi da Barau suna tsaye a inuwarta. Sabon malamin da aka kawo a madadinta yana riƙe da hatimi, yana kallon wani jan sa, yana kallon Alhaji.

"Ranki ya daɗe," in ji Alhaji, murya can ƙasa.

"Alhaji, barka da kasuwa." Ta juya ga malamin. "Me ka ji?"

"Kamar yana tari, Hajiya."

"Kamar, ko yana yi? Sa kunnenka."

Ya kanga kunne a haƙarƙarin san. Ya ɗago. "Yana yi."

"To faɗa masa. Kai ne mai hatimi, ba ni ba."

Malamin ya juya ga Alhaji. "Alhaji, wannan ba zai hau ba. Sauran ma sai an ware su an duba."

Kowa ya zuba wa Alhaji ido. Ya dubi san, ya dubi Kwamishina cikin takalmin roba, ya ɗaga wa yaransa hannu. "A sauke su."

Barau ya matso kusa da kunnensa, amma a kara ba a iya raɗa, kowa ya ji. "Ranka ya daɗe, a rubuta takarda?"

Alhaji ya juyo ya harare shi.

"Rubuta mana, Barau. Goma sha bakwai sun mai da ita kwamishina. Ƙara ɗaya ka gani in ba Gwamna ta zama ba."